KEFFI: GARIN DA LABARINSA KE WARWATSE A LITTATTAFAN BAƘI

Duk matafiyin da ya bar Abuja ya nufi gabas, in dai ya samu ya kuɓuta daga cunkoson motocin Nyanya da Mararraba da Masaka, to, ba zai yi wata doguwar tafiya ba sai ya ga ƙasa ta buɗe, gonakin doya da na dawa sun maye gurbin shaguna, duwatsu kuma suna leƙowa daga nesa. Bayan kimanin kilomita 50, watau wajen mil 30, sai ga shi a Keffi, ɗaya daga cikin tsofaffin masarautun Jihar Nasarawa. A nan hanya take rabuwa. Wadda ta miƙe ita ce mai zuwa Akwanga, inda ake karkata zuwa Lafiya ko Jos. Wadda ta yi kudu kuwa ita ce ta garin Nasarawa har zuwa Loko, a bakin kogin Binuwai.

Galibin masu wucewa ba sa ganin kome a Keffi sai tasha da gidajen mai da rumfunan masu abinci. Amma wanda ya sauka ya shiga cikin gari, ya ga ƙofar fadar Sarki, ya tsallaka rafin Antau, sa'an nan ya ɗaga kai ya dubi tudun nan da ake kira da sunan Kyaftin Moloney, lalle zai gane cewa yana tsaye ne a wurin da aka ƙulla wani babban al'amari na tarihin ƙasar nan. Tambayar da za ta zo masa kuwa ita ce: ina littafin da zai saya ya karanta labarin garin nan tun daga tushe, a bakin mutanensa, cikin harshen da ake ciniki da shi a kasuwarsa?

DAGA KAFI ZUWA BIRNI

Asalin sunan garin daga kalmar kafi ne, watau shingen itatuwa da ake kewaye zango da shi saboda tsaro. Wanda ya kafa shi, wajajen shekarar 1802, shi ne Abdu Zanga, Bafulatani makiyayi daga ƙasar Katsina, wanda ya saba gangarowa da shanu wannan yanki mai yalwar ciyawa da ruwa. Da jihadi ya kankama, sai Keffi ta kasance a ƙarƙashin tutar Zazzau, tana kai gaisuwa Zariya kamar yadda Jama'a take yi. Daga Keffi ne kuma Umaru Makama Dogo ya tashi ya je ya kafa garin Nasarawa, wanda a yau jihar duka take amsa sunansa.

Amma fa ba a daji marar mutane aka kafa wannan kafi ba. Gwandara da Gbagyi da Yeskwa da Afo da Gade duk suna zaune a wannan ƙasa tun kafin zuwan tuta, kowa da garuruwansa da sarautunsa. Wasu sun yi amana suna biyan haraji, wasu kuma an yi ta kai musu hari ana kama su bayi. Arzikin Keffi na ƙarni na 19 ya tsaya ne a kan abu biyu: kasancewarta zango a kan hanyar fatake daga Kano da Zariya zuwa Loko, da kuma cinikin bayi da hauren giwa. Wannan magana ce mai ɗaci, amma duk littafin da ya tsallake ta bai cika littafin tarihi ba.

ABIN DA BAƘI SUKA RUBUTA

Saboda garin yana kan hanyar Binuwai, kusan duk Baturen da ya ratso ta wannan gefe sai da ya kwana a cikinsa. A farkon shekarar 1867 wani Bajamushe, Gerhard Rohlfs, ya iso daga Kukawa ta hanyar Bauci, ya rubuta sunan garin haɗe da na Abdu Zanga, alamar cewa har a lokacin da sunan wanda ya kafa shi ake kiransa. A 1885 wani Bajamushen kuma, Paul Staudinger, ya biyo daga Loko a kan hanyarsa ta zuwa Zariya da Kano da Sakkwato. Littafinsa ya fito cikin Jamusanci a 1889, ba a kuwa fassara shi zuwa Ingilishi ba sai a 1990, watau bayan shekara ɗari da ɗaya. A 1894 sai ga C. H. Robinson, mutumin Ingila wanda daga baya ya wallafa ƙamus na Hausa. Shi ma ta Keffi ya bi zuwa Kano, ya kuma ba da labarin tafiyar a littafinsa na 1896.

Da mulkin Turawa ya zauna, sai rubutun ya koma hannun Razdan da Di'o. A 1920 aka buga bayanin Lardin Nasarawa wanda J. C. Sciortino ya tattara, mai ɗauke da jerin sarakuna da ƙabilu da gundumomi, aka kuma sake buga shi a 1972 cikin jerin irin waɗannan littattafan larduna da A. H. M. Kirk-Greene ya farfaɗo da su. A 1960 M. G. Smith ya bayyana dangantakar Keffi da Zazzau a littafinsa kan tsarin mulkin Zazzau. A 1966 kuma Hogben da Kirk-Greene suka ba Keffi nata babi a littafinsu na masarautun Arewa.

Ba za a raina wannan aiki ba, gama ba don shi ba da sunaye da shekaru da yawa sun salwanta. Sai dai mai karatu ya lura da abu uku. Na farko, duk cikin Jamusanci ne ko Ingilishi. Na biyu, matafiyi abin da ya gani cikin 'yan kwanaki ya rubuta, ma'aikacin mulki kuwa abin da zai taimake shi tara haraji da naɗa hakimai ya fi damunsa. Na uku, Keffi a cikinsu babi ce ko 'yan shafuka, a kan hanyar zuwa wani wuri.

RANAR 3 GA WATAN OKTOBA

Babu inda wannan giɓi ya fi fitowa fili kamar a labarin Magaji Ɗan Yamusa. Shi Magaji shi ne idon Sarkin Zazzau a Keffi, kuma a ƙarshen ƙarni na 19 ƙarfinsa ya kai har ya shafe na Sarkin garin, Ibrahim. Ran 3 ga watan Oktoba na 1902, Razdan na lardin, Kyaftin Moloney, ya zo dandalin ƙofar fada yana neman Magaji ya fito su gana. Shi Moloney gurgu ne, sakamakon raunin da ya samu a wani yaƙi can baya. Saƙonni suka yi ta kai da kawo ta bakin tafinta, Audu Timtim, magana ta lalace, Magaji ya fito a kan doki, kafin a ankara an kashe Razdan, an kuma kashe tafintan nasa.

Magaji ya yi arewa har ya isa Kano, inda Sarki Alu ya karɓe shi da girmamawa. Wannan karɓa na cikin manyan hujjojin da Gwamna Lugga ya kafa na tura sojoji. Kano ta faɗi ran 3 ga Fabrairu 1903, Sakkwato ran 15 ga Maris, sa'an nan ran 27 ga Yuli aka yi yaƙin Burmi, inda Sarkin Musulmi Attahiru ya rasu tare da ɗimbin mabiyansa, har da Magajin Keffi. Ashe ke nan abin da ya faru a wani dandali na Keffi cikin ɗan lokaci kaɗan yana da hannu a faɗuwar daula sukutum.

A rahotannin gwamnatin wancan zamani, Magaji mai kisan kai ne kuma mai farautar bayi. A bakin mutane da yawa na Arewa kuwa, jarumi ne wanda ya ƙi miƙa wuya. Sai a 1964 D. J. M. Muffett, wanda shi ma tsohon jami'in mulki ne, ya wallafa littafinsa mai suna Concerning Brave Captains, bayan ya saurari tsofaffin da suka ga zamanin, inda ya nuna irin rawar da tafinta ya taka wajen rura wutar. Abin lura a nan shi ne, labarin bai sake kama ba sai da aka je aka zauna gaban dattawa. Waɗannan dattawa yanzu duk sun riga mu gidan gaskiya. Tudun yana ɗauke da sunan Moloney, gidan sarauta kuma yana ɗauke da sunan Yamusa: Sarki Muhammadu Cindo Yamusa na Biyu ya yi mulki daga 1978 zuwa 2015, ɗansa Dakta Shehu Cindo Yamusa na Uku ya gaje shi.

YADDA AMURKAWA SUKA YI

A nan ya kamata a leƙa wata ƙasa don a ga abin da himma take iya yi. Amurka tana da gundumomi fiye da 3,000, waɗanda suke kira kawunti, kuma da wuya a sami wadda ba a rubuta mata littafin tarihi ba. A shekarar 1876, da ƙasar ta cika shekara 100 da samun mulkin kai, Majalisar Dokoki ta zartar da ƙuduri, Shugaba Grant kuma ya yi shela, cewa mutanen kowace gunduma da kowane gari su taru ranar bikin, a karanta musu taƙaitaccen tarihin wurinsu tun daga kafuwarsa, a ajiye kofe ɗaya a ofishin magatakardan gunduma, ɗaya kuma a aika babban ɗakin karatu na Majalisa da ke Washinton.

Daga nan kamfanonin ɗab'i, musamman na birnin Shikago, suka mai da abin sana'a. Wakilansu kan bi gida gida suna rubuta sunayen masu son saye tun kafin a buga, wanda ya ƙara kuɗi kuma a sa hotonsa da labarin rayuwarsa. A 1985 P. William Filby ya wallafa jerin sunayen irin waɗannan littattafai, ya lissafa wajen 5,000. Da su ne Ba'amurke yake gano ranar da kakan kakansa ya sauka a wani ƙauye, da gonar da ya sara, da makarantar da aka fara ginawa.

Amma kowane allazi da nasa amanu. Tun da mai kuɗi ne ke sayen shafi, sai littattafan suka cika da yabon attajirai da manyan manoma. 'Yan asalin ƙasar da aka kora daga filayensu, da baƙaƙen fata, da 'yan ƙwadago, da mata, ba su sami wuri ba sai kaɗan. Saboda haka darasin kashi biyu ne: a yi koyi da himmarsu, a kuma guji kuskurensu.

BA A FARA DAGA BABU BA

Ƙasar Hausa ba baƙuwar wannan aiki ba ce. Maƙwabtan Keffi na tsohuwar Abuja, wadda ake kira Suleja yanzu, sun sami Malam Hassan Sarkin Ruwa da Malam Shu'aibu Na'ibi, waɗanda suka rubuta tarihi da al'adun garinsu da Hausa, har aka fassara shi zuwa Ingilishi a 1952. Kano ta sami Alhaji Abubakar Dokaji mai Kano Ta Dabo Cigari, Sakkwato kuma ta sami Waziri Junaidu mai Tarihin Fulani. Duk 'yan gida ne, sun rubuta don 'yan gida.

Keffi kuwa ba ta rasa masu ilmi ba. Kwalejin Gwamnati ta Keffi ta yaye manyan mutane daga kowane sashe na Arewa, cikinsu har da marigayi Shugaba Umaru Musa 'Yar'aduwa, wanda ya yi karatu a can daga 1965 zuwa 1969. Jami'ar Jihar Nasarawa ma a garin take, ɗalibanta suna rubuta kundaye kan garuruwa da sarautun yankin. Sai dai kundin da aka ɗaure kofe huɗu aka jera a kanta, ai ba littafi ba ne a wurin malamin firamare ko ɗan kasuwa.

Akwai kuma wata wahala ta daban, watau yawan sauyin uwar gida. Keffi ta zauna a Lardin Nasarawa har 1926, ta koma Lardin Binuwai, ta shiga Jihar Binuwai da Filato a 1967, ta zama ta Filato a 1976, sa'an nan ran 1 ga Oktoba 1996 aka ƙirƙiro Jihar Nasarawa. Kowane sauyi ya tafi da nasa fayiloli. Don haka mai neman takardun garin sai ya dangana da Gidan Adana Takardun Tarihi na Ƙasa da ke Kaduna, da Gidan Arewa, da Makurɗi, da Jos, da Lafiya, ban da wasiƙun Larabci da na ajami da ke cikin akwatunan gidajen malamai, inda gara da ɗigon damina ba sa hutawa.

ABIN DA YA RAGE

Lokaci ba ya jira. Abuja tana ta miƙo ƙafa, filayen da aka yi noma jiya an yanka su fuloti, baƙi suna ta sauka, sunayen tsofaffin unguwanni da rafuka suna ɓacewa ƙarƙashin sababbin allunan kamfanonin gidaje. Tsofaffin da suka ga zamanin En'e, suka biya haraji a hannun dagaci, suka ga zuwan mota da makarantar boko, su ne shaidun da suka rage, kuma kullum raguwa suke yi.

Aikin ba ya bukatar dukiya mai yawa. Jihar Nasarawa ƙananan hukumomi 13 gare ta. In kowace ta haɗa kai da masarauta da sashen tarihi na jami'a, aka ba malamai biyu ko uku wayar ɗaukar magana da kuɗin mota, aka zauna da dattawan kowace ƙabila, maza da mata, 'ya'yan sarauta da jikokin bayi, aka fassara abin da su Rohlfs da Staudinger suka rubuta aka gwama shi da abin da ke bakin mutane, to, cikin 'yan shekaru za a sami ɗan littafi mai araha na kowane gari, da Hausa da kuma harsunan wurin. In an yi wa Keffi, sai a yi wa sauran ƙananan hukumomin ƙasar nan, ɗaya bayan ɗaya.

Hausawa sun ce waƙa a bakin mai ita ta fi daɗi. Baƙi sun yi nasu, sun rubuta abin da idonsu ya gane musu. Saura mutanen Keffi su ɗauki alƙalami, domin yaron da ya hau tudun nan gobe ya dubi garinsu ya san wanda ya kafa shi, da waɗanda aka tarar, da waɗanda aka kawo ba da sonsu ba. Allah ya ba masu wannan niyya ikon cikawa, amin.