Waƙar da Jackson bai ɗauka ba

Mai karatu, idan kana cikin waɗanda suka sha kallon The Lord of the Rings, finafinan nan uku da Peter Jackson ya ɗauka a Niyu Zilan, suka fito tsakanin 2001 da 2003, to akwai abin da fim ɗin bai gaya maka ba. Duniyar nan da ka ga ana ta gwabzawa a cikinta a kan zobe guda, da waƙa aka yi ta. Haka marubucin, J.R.R. Tolkien, farfesan harshe a jami'ar Oxford ta Ingila, ya tsara. Labarin ba ya cikin littafin zoben. Yana farkon The Silmarillion, wanda ɗansa Christopher ya tattara ya buga a 1977, shekara huɗu bayan mutuwar uban.

Ga yadda abin yake. Tolkien ya ƙago wani abin bauta na almara, Eru Iluvatar, wanda ya samar da wasu halittu da ake kira Ainur, ya ba su karin waƙa, ya ce su rera tare. Ana cikin rerawa sai Melkor, wanda ya fi su duka baiwa, ya ga ai shi ma ya isa, ya cuso nasa karin. Wasu suka rikice suka yi shiru, wasu suka bi shi. Eru ya kawo kari na biyu, hayaniya ta danne shi. Ya kawo na uku, mai sanyi, mai ban tausayi. Shi wannan, duk ihun da Melkor ya yi sai ya ɗauke shi ya saƙa cikin nasa zubin. Da aka gama, Eru ya nuna masu abin da suka rera, sai ga shi duniya ce da tarihinta.

Na san abin da ke ranka, domin ni ma gidan da ka fito na fito. Tatsuniya ce, malam, kuma mai ita bai taɓa cewa a bauta wa kowa ba. Ni abin da ya ja ni shi ne dabarar: mugun labarin nan mawaƙi ne da ya ƙi bin amshi. Duk wanda ya taɓa zama a situdiyo ya ga an maimaita baiti ɗaya sau goma saboda mutum ɗaya na so muryarsa ta fi ta kowa, ya san Melkor.

Wurin da ya fi taɓa ni shi ne na ruwa. Melkor ya kawo matsanancin sanyi da zafi don ya ɓata aikin Ulmo, mai kula da ruwa. Me ya fito? Sanyin ya haifi dusar ƙanƙara, zafin ya haifi gajimare da ruwan sama, abubuwan da Ulmo kansa bai yi tunaninsu ba. Tolkien ya ce a cikin ruwa ne amon waƙar farko ya fi saura, shi ya sa mutane ke tsayawa sauraron teku ba su san abin da suke saurare ba. Mutumin da ya rubuta wannan ya yi yaƙin Somme a 1916, ya rasa aminansa biyu a can. Ba da wasa yake maganar ɓarna ba.

Taurari kuwa ya damƙa su ga Varda, wadda jinsin Elf ke kira Elbereth. A ƙarƙashin haskenta suka fara buɗe ido, tun babu rana babu wata. Ta kafa taurari bakwai a arewa, siffar lauje, don gargaɗi ga Melkor. Kuma samanmu ce dai ya sake wa suna. Remmirath ɗinsa ita ce kaza da 'ya'yanta, tauraron Earendil kuma Zara matar wata ce. Kwalbar nan da Galadriel ta ba Frodo, wadda Sam ya kori gizo-gizon nan Shelob da ita a kashi na uku, hasken Zara ne a ciki. A littafi har sunan Elbereth Sam ya kira. A fim haske kawai ka gani.

Dalilin farko na rashin wannan labari a fim na kasuwa ne. A 1969 Tolkien ya sayar da haƙƙin The Hobbit da littafin zoben, ban da The Silmarillion. Ko Amazon da ta yi The Rings of Power a 2022 ba ta samu wannan haƙƙin ba. Ni kuwa wallahi ban so a samu. Ka ce an ba ka aikin: wane fiyano za ka taɓa, wace murya za ka ɗauko, ka ce wa ɗan kallo ga waƙar da ta haifi teku? Da zarar ya ji ta, zai gwada ta da wadda ya ji jiya a rediyo, shi ke nan ta mutu.

Wanda ya fi kusa da gane wannan shi ne Howard Shore, mai kiɗan finafinan, wanda ya ci Oska uku a kansu. Bai yi gigin rera waƙar ba, sai ya raba ta. Kowace al'umma ya ba ta karinta, su haɗu, su rabu, su canza da labari. Ni yanzu in zan sake kallo, na kan rage hasken talabijin in bi kunne. Gwada ka ji na Isengard: bugu biyar-biyar, ƙarar ƙarfe, abu ɗaya ana ta nanatawa, sak irin na Melkor. Sannan nemi dogon zubin kashi na ɗaya da ya fito a 2002, inda Frodo da Sam suka laɓe a daji da dare suna kallon ayarin Elf na wucewa zuwa teku. Waƙar da suke rerawa ta Elbereth ce, kuma a silima an yanke wurin.