A Gafarce Ni, Yallaɓai

Shekara shida na yi ina shugabantar sashen kuɗi a wani kamfani a Kano, kuma ban taɓa ɗaukar kaina azzalumi ba. Ba na tsawa, ba na zagi. Abin da kawai nake yi shi ne, in wani aiki ya faɗo mini a rai da daddare, sai in tura saƙo ta WhatsApp, in ja bargo in kwanta abina.

Wani dare, wajen ƙarfe ɗaya, na nemi lissafin ƙarshen wata daga wata ma'aikaciyata. Bayan rabin sa'a ta turo shi, ta ƙara da cewa: "A gafarce ni, Yallaɓai, muna asibiti ne da yarona." Na daɗe ina kallon waɗannan kalmomi. Uwa tana jinyar ɗanta, amma ita ce mai neman gafarata.

A daren na gane cewa saƙon na gaba umarni ne a idon na ƙasa, komai laushin lafazinsa. Ni ina sauke nauyi daga kaina in yi barci, ita kuma tana ɗauka ta kwana da shi. Sai na tuna yadda ta rame, da yadda kurakurai suka fara yawa a aikinta, har ina zargin ta da sakaci.

Daga baya na karanta cewa tun 2017 dokar Faransa ta amince wa ma'aikaci da 'yancin kashe wayar aiki bayan an tashi, kuma a 2019 Hukumar Lafiya ta Duniya ta bayyana irin wannan matsananciyar gajiya a matsayin matsalar da wurin aiki ke haifarwa. Ban jira doka ba. Na tara mutanena na ce daga magariba babu saƙon aiki sai da safe. In gaggawa ce ta gaske, a kira ni ni kaɗai. Da farko ba su yarda ba, don tsoro ya riga ya zauna musu. Ni ma sai da na yaƙi yatsuna, na koyi rubuta abin da ya faɗo mini a takarda in jira wayewar gari.

Aiki bai tsaya ba. Amma gare ta, gyaran nawa ihu ne bayan hari, domin bayan wata biyu ta ajiye aiki. Har yau, duk lokacin da hannuna ya kai kan waya bayan isha'i, nakan tambayi kaina: a bakin wane gado wannan saƙo zai iske mai shi?