Wasiƙa Zuwa Kusada

Ƙawata Binta,

Yaya ƙafar Inna, ta yi sauƙi kuwa? Mu nan Kankiya lafiya lau, an gama roron wake, sai hazo da ya rufe gari, leɓe duk ya tsage.

To, abin da ya sa na ɗauki biro, 'yar maƙwabciyarmu ce aka ba wa takarda, saki ɗaya tak, amma kafin la'asar a-kori-kura ta tsaya ƙofar gida, aka kwance gado, aka ɗaure kwanuka cikin zannuwa, ita kuma tana tsaye da goyo, ɗayan yaron riƙe da gefen hijabinta. Iyayenta cewa suka yi ba za ta kwana a ga wulaƙancinta ba, shi kuma mijin ko ƙwayar gero bai aika ba har yau.

Ranar nan kuwa muna kallon fim ɗin Indiya, kin san halina, sai ɗan yayata da ya yi karatu can ya ce ai su Hindu da can aure ba ya mutuwa a wajen yawancinsu, sai a 1955 aka yi musu dokar aure da ta buɗe ƙofar rabuwa, ita ma sai a gaban kotu. A 1976 aka ƙara cewa in duk biyun sun yarda, kuma sun shekara ba sa tare, to su kai takarda, a ba su wata shida su sake tunani. Kuma alƙali na iya yanka kuɗin ciyarwa, ko dunƙule ko wata-wata, har iya rai, sai dai in ta sake aure a duba lamarin. Ki ji abin dariya, in matar ce mai hali, miji ma yana iya nema! A 2020 Kotun Ƙolinsu ta ce kowa ya rubuto abin da ya mallaka bisa rantsuwa, don maganin masu kukan babu.

Matan da ke wurin suka hau cewa ina ma a nan ne. Ni kuwa na ce mu fara karɓar namu tukuna. Ke da kika yi Risala a Islamiyya kin fi ni sani: mai sakin kome a ɗakinta take idda, tsarki uku, ci da sha da sutura duk na wuyan miji, in da ciki kuwa har ta haihu. Riƙon yara na uwa ne muddin ba ta yi wani auren ba, namiji har ya balaga, mace har ta tare, uba kuma shi ke ciyarwa. Ga mutu'a, 'yar kyautar sallama da ake so ya bayar, wadda ni dai ban taɓa ganin wanda ya bayar ba a unguwarmu. Tun 2000 ake shari'ar Musulunci a jihar nan, ga kotu kusa, amma kunya ta hana mu, wai kada a ce ta kai uban 'ya'yanta ƙara. Auren zawarawa da Kano ta fara a 2012 alheri ne, sai dai bai cika cikin yaron da ubansa ya manta da shi ba.

To Binta, ke da mata ke jin maganarki a wajen biki da suna, ki riƙa faɗa musu: wadda aka saka kada ta yi saurin kwashe kaya, in kuma ya hana abincin yara, a fara da manya, in ya ƙi ji, alƙali na nan. Neman haƙƙi ba rashin kunya ba ne.

Ki gaida Malam da yara, ki ce wa Inna ina tafe bayan sati. Allah ya bar zumunci.

Taki har kullum,
Hajara