Gizo mai rigar dawisu

Jiya bayan la'asar ina zaune a soron gidanmu nan Gwale, ƙanena ya miƙo mini waya ya ce, "Yaya, dubi wannan." Wani ɗan gizo-gizo ne a kan busasshen ganye, bai fi ƙwayar shinkafa ba. Ya ɗaga ƙafafu biyu sama, ya buɗe bayansa kamar faifai, ja da shuɗi da ruwan goro, yana karkaɗa shi. Subhanallah kawai na iya cewa. Na kwana, na tashi, abin bai bar raina ba.

Masana suna kiransa Maratus, a Ostireliya yake rayuwa, tsawonsa milimita 4 zuwa 5 ne. Namijin ne kaɗai mai ado, macen kuwa ruwan ƙasa ce, in ta lafe a cikin ganye ba ka ganinta. Wajen Satumba zuwa Nuwamba, da sanyin ƙasarsu ya ja baya, sai ya fita nema. Da ya hango mace zai miƙe ƙafafunsa na jeri na uku, ya baje faifan nan, ya yi dama, ya yi hagu, ya ɗan matso, ya tsaya cak. Abin da ya fi taɓa ni shi ne kiɗan. Yana girgiza cikinsa, girgizar ta bi ta ganyen har ƙafafun macen. Kunnenmu ba ya ji, ita tana ji. Shi ne makaɗin, shi ne ɗan rawar, kuma wani lokaci yakan kusa awa guda yana yi.

Ita kuwa tana tsaye tana kallo. Madeline Girard, wadda ta yi nazarinsu a Jami'ar Kalifoniya da ke Berkeley, ta gano cewa mafi yawan mazan hannu rabbana suke komawa, waɗanda suka fi dagewa wajen nuna adon su suka fi dacewa. Wanda aka ƙi bai gane ba, yana iya zama abincinta.

Mu da muka tashi da tatsuniya, Gizo a wajenmu ɗan wayo ne: ya yaudari kura, ya cuci Ƙoƙi, ya tsere. Wannan gizon ba shi da abin yaudara. Abin da ke jikinsa shi yake shimfiɗawa, da ransa a hannu. Wallahi tausayinsa ya kama ni.

Kuma an daɗe ba a fahimce shi ba. A 1874 wani malamin coci ɗan Ingila, Pickard-Cambridge, ya raɗa wa ɗaya daga cikinsu suna volans, wato mai tashi, don an zaci faifan fiffike ne. Aka yi fiye da shekara ɗari wannan zaton na yawo. Sai da irin su Jürgen Otto, wanda ya ci karo da guda a dajin kusa da Sydney a 2005, suka durƙusa a ƙasa da kyamara, sannan duniya ta ga ashe kayan zance ne.

Danginsa suna nan tare da mu. Ƙananan gizo-gizon nan masu tsalle da ke bin bango suna kama ƙuda, ba sa saƙa yanar farauta, gida ɗaya suka fito. Idonsu takwas, biyu manya a gaba, shi ya sa in ka matso suke juyowa su kalle ka. Mazansu ma suna ɗaga ƙafa a gaban mata, rigar ce kawai ba su da ita. Jangwada mun san shi, muna ganinsa yana gyaɗa jan kansa a kan ganuwa wajen Ƙofar Na'isa, don shi yana da girman da ido zai kama. Waɗannan kuwa tsintsiya ce gaisuwarmu da su.

Yau da safe na ga guda a bangon soro, inda rana ke fara sauka. Na ce wa ƙanwata ta dakata da sharar. Muka tsuguna mu biyu. Ya juyo, ya dube mu da manyan idanun nan nasa, sannan ya yi tsalle ya shige tsagar bango.