Mutuwar Kyaftin Kuk da Shaidar Masu Tsibiri

Alƙalin kirki ba ya yanke hukunci sai ya ji ta bakin mai ƙara da wanda a ke ƙara. Haka ya wajaba ga mai rubuta tarihi, sai dai shi sau da yawa ya kan tarar ɗaya ya bar takardu jibgi, ɗayan kuwa bai bar ko layi guda ba. Labarin Kyaftin Kuk ya isa misali.

Kuk Baturen Ingila ne, shugaban jiragen ruwa biyu. Ran 17 ga Janairu 1779 ya sauka a gaɓar Kealakekuwa ta tsibirin Hawai, can tsakiyar tekun Fasifik. Zuwansa ya yi daidai da bikin Makahiki, wanda mutanen wurin ke yi wa abin bautarsu Lono. Aka tarye shi da girma, aka yafa masa jan mayafi, aka yi ta kawo masa abinci. Ran 4 ga Fabrairu ya tashi, amma hadari ya lalata itacen da a ke ɗaura filafilan jirginsa, tilas ya komo bayan mako guda. Wannan karo bai ga fuska ba. Aka ɗauke wa Turawa wani ƙaramin jirgi, Kuk ya fita ya kamo Sarki Kalani'opu'u don ya riƙe shi har a mayar. Nan faɗa ya kaure a bakin ruwa ran 14 ga wata, aka kashe shi da sojansa huɗu, mutanen tsibiri da dama kuma suka halaka.

To, me ya sa waɗanda suka girmama shi jiya suka kashe shi yau? Wani malami na Amirka, Marshal Sahlins, ya ce sun ɗauke shi Lono ne, da ya komo bayan biki ya wuce sai komowar ta saɓa wa al'adarsu. A 1992 Gananat Obeyesekere, mutumin Siri Lanka, ya ƙaryata shi. Ya ce Turawa ne ke son a ce duk inda suka sauka an bauta musu. Mutanen Hawai masu hankali ne, sarauta suka naɗa wa baƙon, zafin hannunsa kuma ya jawo masa ajali. A 1995 Sahlins ya mai da amsa, ya ce wanda ya sa wa mutanen da tunani irin na Baturen zamani, shi ma ya toshe musu baki.

Abin da ya kawo gardamar shi ne ƙarancin shaida. Littafin da Kuk ke rubuta labarin tafiyarsa ya tsaya tun ranar saukarsa. Sauran bayanin na ma'aikatan jirgi ne, waɗanda ba su ji harshen sosai ba. Na masu tsibiri kuwa, 'yan makarantar mishan ta Lahainaluna ne suka tattaro daga bakin tsofaffi, aka buga a 1838, watau bayan shekara 59.

Mai karatu ya lura, ko da ya ke malaman nan sun saɓa, hanyarsu ɗaya ce: kowannensu ya ƙi ya tsaya a cikin jirgi, ya sauko gaɓa yana tambayar abin da masu gida suka gani. Waƙa a bakin mai ita ta fi daɗi. In mai waƙar ya riga mu gidan gaskiya, mai tarihi sai ya auna kowace takarda, ya san wanda ya rubuta ta da abin da ya sa ya rubuta, kada kuma ya ɗauki shirun wanda ba shi da alƙalami a matsayin amsa laifi.