Yini Guda a Birnin Shehu, da Amanar da ke Wuyan Ɗan Jagora

Akwai wani abin kunya da muka daɗe muna ɓoyewa, yau kuwa za mu faɗe shi, domin muna zaton ba mu kaɗai ne ke ɗauke da shi ba. Mu shida ne abokan juna, uku daga Gusau, biyu daga Tsafe, ɗaya daga Bunguɗu, waɗansu 'yan kasuwa, waɗansu ma'aikatan Gwamnati. Huɗu daga cikinmu sun girma, sun yi iyali, har da wanda ya sauke farali sau biyu, amma ba su taɓa taka birnin Sakkwato ba. Dalili kuwa a fili yake. Tun da aka cire Jihar Zamfara daga Jihar Sakkwato a 1996, ma'aikaci ba ya da sauran takardar da zai bi zuwa can, ɗan kasuwar Gusau da Tsafe kuwa da ma fuskarsa gabas take kallo, watau Funtuwa da Zariya da Kano. Sauran biyun da suka san garin, saninsu bai wuce sakatariya da tashar mota ba.

Da muka ga girma yana kama mu, sai muka yi shawara mu keɓe yini guda, mu yi shatar mota, mu nemi wanda ya san gari ya zaga da mu. Wani abokin aiki ya ba mu labarin wani dattijo, tsohon malamin makaranta, wanda yakan yi wa baƙi wannan hidima, amma ya ce ba ya samun sukuni sai bayan Azahar, kuma yakan faɗi ladansa tun da farko, ba ya ragi. Muka ji abin ya yi mana tsada, muka ce ai matambayi ba ya ɓata, in mun isa ma samu wani.

Mun bar Gusau bayan sallar Asuba da gari ya fara haske, gama a halin da hanyoyinmu suke ciki na 'yan bindiga, mai hankali ba ya tafiyar duhu. Muka ɗauki abokinmu a Bunguɗu, muka bi ta Maru da Talatar Mafara da Tureta, tafiyar kilomita 200 da ɗoriya, muka shiga Sakkwato da hantsi. Ko gama tsayawa ba mu yi ba sai ga wani saurayi mai fara'a, bakinsa kamar an shafa zuma, ya ce shi haifaffen gari ne, babu lungun da bai sani ba. Ba mu tambaye shi inda ya yi karatu ba, ba mu ƙayyade wuraren da zai kai mu ba, ba mu yanke lokaci ba. Kuɗi kaɗai muka yi ciniki a kansa, shi ma don ya yi araha ne muka yarda. Mu da muke ƙwanƙwasa buhun hatsi mu soka masa tsinke kafin mu saya, ga shi mun sayi ilmi ido rufe.

Gaskiya ne yaron ya san hanya. Cikin sa'a biyu ya nuna mana ƙofar fadar Sarkin Musulmi, da Masallacin Bello, da Masallacin Shehu, ya kuma lissafa mana ƙofofin gari irin su Ƙofar Rini, da Ƙofar Kware, da Ƙofar Marke, da Ƙofar Taramniya. Amma duk inda muka tsaya sai ya ce mu yi hoto mu wuce, kuma bakinsa bai huta ba da labaran da ba mu san tushensu ba. Ya ce Shehu ne da kansa ya sari birnin ya zauna cikinsa shekara arba'in. Ya ce Sarkin Musulmi Bello yana kwance kusa da mahaifinsa. Mu kuwa muna ta gyaɗa kai, gama baƙo makaho ne ko da idonsa, abin da aka zuba masa shi yake ɗauka, shi kuma zai kai gida ya zuba wa 'ya'yansa.

A bakin Hubbare ne zance ya ɓaci. Saurayin ya ce duk wanda ya shiga ya shafi kabari ya shafa a fuska, in kuma muna son ƙasar wurin ta magani, zai samo mana a kan 'yan kuɗi kaɗan. Abokinmu na Bunguɗu, wanda da ma yana da tsanani a kan irin waɗannan al'amura, ya ja ya tsaya, ya ce shi ba ya shiga inda ake wannan. Wani daga cikinmu ya ce masa ai wannan raina waliyyai ne. Kafin ka ce kwabo, mutanen da suka shekara ashirin suna cin tuwo a akushi ɗaya sun fara ɗaga wa juna murya a ƙofar gidan Mujaddadi. Don ya raba gardama, sai saurayin ya tambayi daga ina muka fito. Da ya ji an ambaci Tsafe sai ya yi dariya ya ce, "Af, ashe jikokin arnan 'Yandoto na, waɗanda Bello ya ci da yaƙi!" Babban cikinmu, wani Alhaji mai sayar da hatsi a kasuwar Tsafe, bai ce uffan ba. Ya juya ya koma mota ya zauna. Mun san shi, mun kuma san shirunsa ya fi faɗansa nauyi.

Nan muka gane arahar da muka nema ta yi mana tsada. Bayan mun yi Azahar muka kira dattijon nan da muka ƙi tun farko, muka ba shi haƙuri. Ya zo cikin fararen kaya, da sanda, da wata jakar fata mai littattafai. Kafin ya shiga mota sai ya ce, "Alhazai, mu gama magana tukuna. Wuri huɗu za ni kai ku, daga yanzu har Magariba, ladana kaza ne. Abin da na sani in gaya muku inda na samo shi, abin da ban sani ba in ce Allah ne masani." Ya ƙara da cewa malaman fiƙihunmu na Malikiyya, tun daga Risala ta Ibn Abi Zaid, sun shar'anta a san lada a kuma san wa'adi kafin ijara ta ƙullu, shi kuwa ba ya son cin abin da ke da shubuha.

Ya mai da mu Hubbare. A bakin ƙofa ya tsaya ya dubi abokinmu na Bunguɗu ya ce, "Malam, abin da ka ƙi, mai gidan nan ya riga ka ƙinsa." Ya bayyana cewa Shehu a cikin littafinsa Ihya'us Sunna ya keɓe babi a kan jana'iza da maƙabarta, ya kuma lissafa shafar kabari don neman albarka cikin bidi'o'i. Sa'an nan ya juya ga wanda ya yi zancen raina waliyyai, ya tuna mana cewa Manzon Allah, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, ya hana ziyarar kaburbura da farko, daga baya ya yi izini, domin tana tuna wa mutum Lahira. Saboda haka mu cire takalma, mu shiga da ladabi, mu yi sallama, mu roƙa wa mamata gafara, mu fito. Haka muka yi, mu shida duka, har da Alhajin Tsafe da muka lallaso daga mota.

Abin da ya fi taɓa mu a ciki shi ne ƙanƙantar wurin idan an gwada da girman sunan. Malamin ya ce nan gidan Shehu ne, a nan ya zauna, a nan aka rufe shi. Ya warware mana tarihin daki daki: an haifi Shehu a Maratta a 1754, ya yi hijira daga Ɗegel zuwa Gudu a 1804, Alƙalawa ta faɗi a 1808, ɗansa Muhammadu Bello ne ya kafa Sakkwato a 1809, Shehu kuwa bai baro Sifawa ya dawo nan ba sai 1815, ya rasu a 1817. Watau shekara arba'in ɗin da aka faɗa mana da safe, shekara biyu ce. Bello kuwa a Wurno ya rasu a 1837, can kabarinsa yake, kamar yadda na Malam Abdullahi, ƙanen Shehu, yake a Gwandu. Wadda ke kwance a nan kusa da mahaifinta ita ce Nana Asma'u, matar Waziri Giɗaɗo, wadda ta rasu a 1864, ita ce kuwa ta kafa tsarin 'yan taru, inda jajis ke zuwa daga ƙauyuka su ɗauki karatu su koma su koyar da mata. Da muka dubi yawan matan da ke shiga da fita a wurin, sai maganar ta zauna mana.

A inuwar wata bishiya, bayan La'asar, malamin ya ɗauko zancen da kowa ke gudu. Ya ce, "Alhaji, an gaya mini abin da yaron nan ya faɗa. Allah Ya ba ka haƙuri, jahilci ne." Ya ce 'Yandoto gari ne na malamai, sananne a ƙasar Katsina tun kafin a haifi Shehu, ɗalibai suna zuwa daga nesa neman ilmi. Da jihadi ya tashi malamanta suka rabu, waɗansu suka bi jama'ar Shehu, waɗansu suka ƙi. Bello ya ba da labarin a Infaƙul Maisuri, cewa ya sauka kusa da garin ya nemi a zauna a yi munazara, aka ƙi, sa'an nan aka yi yaƙi wajen 1806. Ya ce, "Amma ku lura, wannan ruwayar ɓangare ɗaya ce, ta wanda ya yi nasara. Mai adalci yakan faɗi haka." Ya ƙara da cewa Malam Sambo ɗan Ashafa, wanda ya kafa Gusau, daga wannan yanki ya fito, har wa yau kuma sarautar Tsafe sunanta 'Yandoto. Ashe mu na Gusau da su na Tsafe tushenmu guda. Ya kuma tuna mana cewa Shehu ya yi kamar shekara biyar yana wa'azi a ƙasar Zamfara tun kafin hijira, Malam Abdullahi ya ambaci haka a Tazyinul Waraƙati. Alhajin Tsafe ya daɗe yana kallon ƙasa, sa'an nan ya ce, "Allah gafarta Malam, shekarata sittin da wani abu, ban taɓa jin wannan ba, ga shi kuwa 'Yandoto ba ta fi tafiyar ɗan lokaci daga rumfata ba."

Daga nan ya kai mu ma'ajiyar tarihi mai sunan Waziri Junaidu, wanda ya rasu a 1997, inda ake adana littattafan da aka rubuta da hannu da wasiƙun sarakuna da kayan yaƙi, lokaci dai bai bari mun daɗe ba. Muka ƙare a Giginya, inda rundunar Sarkin Musulmi Attahiru ta kara da Turawa ran 15 ga Maris 1903, kafin ya yi gabas ya yi shahada a Burmi cikin Yuli na wannan shekara. Ɗaya daga cikinmu ya tambayi mutum nawa suka mutu a ranar. Malamin ya ce ya ji lissafi iri iri, ba zai ɗora mana wanda bai tabbatar ba.

A nan muke so mu ɗan tsaya da 'yan'uwanmu 'yan kasuwa da ma'aikata. Waɗanda suka je Madina sun san yadda direbobin ziyara ke kwasar alhazai zuwa Ƙuba da Uhudu da Ƙiblataini, wani ya yi bayani na gaskiya, wani ya cika kunnen baƙo da tatsuniya. A Masar da Turkiyya ba a barin mutum ya yi sana'ar jagorancin baƙi sai da lasisin hukuma. Mu a nan duk wanda ya iya magana ya zama masanin tarihi. A ganinmu ya kamata majalisun sarakuna da hukumomin tarihi na Sakkwato da Zamfara su horar da samari a kan wannan aiki, su ba su shaida, gama ga matasa masu karatun Arabiyya da na tarihi zaune ba aikin yi. Kafin a kai ga haka, nauyin yana kan mai biya: ya tambayi ɗan jagora wa ya karantar da shi, ya kuma lura ko bakinsa ya iya furta "ban sani ba".

Saura batun saurayin safe. Ya biyo mu masauki da dare yana neman kuɗinsa, uku daga cikinmu suka ce ko sisi ba za a ba shi ba. Muka mai da magana ga malamin. Ya ce, "Kun yi ciniki da shi a kan ya kai ku wurare, ya kuwa kai ku. Ba ku shar'anta masa ilmi ba. Ku biya shi cikakke." Muka biya, ba da daɗin rai ba. Sa'an nan ya kira yaron gefe, ya ce ya riƙa zuwa zaurensa bayan Isha'i, ba zai karɓi kome a hannunsa ba. Wanda ya fara sa hannu a aljihu ya ƙara wa yaron kuɗin sayen littafi kuwa, Alhajin Tsafe ne.

Mun kwana a Sakkwato, muka kamo hanya da safe. Da muka sauke abokinmu a Bunguɗu, sai ya leƙo ta taga ya ce shi ma akwai Dutsen Kwatarkwashi a ƙaramar hukumarsu, yana wuce shi duk mako a hanyar Funtuwa, bai taɓa tsayawa ba. Alhaji ya ce a bar dutse tukuna, 'Yandoto ce farko, kuma ya riga ya san wani tsohon limami a can da za a fara yi wa sallama. Muka sa ranar Asabar ta biyu bayan an gama girbin gero.