Diyyar Utako: Bishiya Ake Biya, Ba Ƙasa Ba

Duk wanda ya daɗe a Utako ya san tsohon ƙauyen Gbagyi da ke tsakiyar unguwar, wanda otal-otal da manyan shaguna suka yi wa ƙawanya. Da yawanmu a nan muka fara kama ɗakin haya, wasu kuma har suka sayi ɗan fili a hannun masu unguwa suka gina. Shekara da shekaru ana cewa za a kwashe mutanen ƙauyen zuwa Shere-Galuyi a yankin Bwari. Idan ranar ta zo, me za a biya, kuma wa za a biya? Mun lura yawancinmu ba mu sani ba.

Tun da Janar Murtala Muhammed ya kafa dokar Babban Birnin Tarayya a 1976, ƙasar Abuja gaba ɗaya ta koma hannun gwamnatin tarayya. Da farko an yi niyyar kwashe kowa, shi ya sa aka samu Sabon Wuse a Jihar Neja. Da aka ga kuɗin ya yi yawa, a 1978 aka koma tada waɗanda aiki ya biyo ta kansu kawai. Ga shi har yau ana ta jan ƙafa.

Dokar Amfani da Ƙasa ta 1978 ita ce ma'aunin. Sashe na 29 ya ce idan gwamnati ta karɓi fili don amfanin jama'a, abin da ke kan filin take biya: gini, amfanin gona da itatuwa. Ƙasar kanta ba ta da farashi a lissafin, sai dai a mayar wa mutum kuɗin hayar ƙasa na wannan shekarar idan ya biya. Ginin ma, ana ƙiyasta kuɗin sake gina shi, sannan a zabtare na tsufa. To, ɗakin laka mai rufin kwano da ya shekara 40, nawa zai rage? Amma filin da ɗakin ke kai, a tsakiyar Utako, kowane dillali ya san miliyoyi ake magana. Wannan ratar ita ce tushen rigimar, kuma a ganinmu ba adalci ba ne.

Kan itatuwa kuwa an ɗan motsa. A 2024 Ministan Gidaje Ahmed Musa Dangiwa ya bayyana cewa tun 2008 ba a taɓa jadawalin farashin ba, kuma an ɗaga bishiyar mangwaro mai 'ya'ya daga naira 4,000 zuwa 105,000. Madalla. Amma ku duba, shekara 16 ana biyan manomi kuɗin da bai kai na kwandon mangwaro 'yan kaɗan ba, a kan bishiyar da ke ciyar da gida duk shekara.

Mu Hausawan unguwar namu ya fi tsauri. Idan ma'aikatan hukumar raya birnin, FCDA, suka zo ƙidaya, 'yan asali suke rubutawa don ba su gidan sake tsugunarwa. Wanda ya sayi fili a hannun mai unguwa, takardarsa ba ta da ƙarfi a gaban hukuma, domin Ministan Abuja kaɗai ke da ikon ba da fili. Waɗanda suka ga rusau na zamanin Malam Nasir El-Rufai, tsakanin 2003 da 2007, ba sai an yi musu bayani ba. Ɗan haya, mai shayi, mai wankin mota da ke kwana kusa da tasha, ba sa cikin lissafi ko kaɗan, alhali kusancin nan da kasuwa shi ne jarinsu.

Kada wannan ya sa mu yi wa maƙwabtanmu Gbagyi hassada. Wanda aka raba da gonar kakanninsa da kaburburan iyayensa aka ba shi ɗaki biyu a nesa da gari, bai ci riba ba. Mu ma mun san zafin abin: a 1980 an zubar da jinin manoma a Bakolori, kusa da Talata Mafara, a kan diyyar gonakin da madatsar ruwa ta cinye.

Bankin Duniya, a ayyukan da yake zuba kuɗi, yana sharɗanta a biya cikakken kuɗin maye gurbi ba tare da cire na tsufa ba, a biya kafin a tada mutum, kuma a tallafa wa marasa takarda su sake kafuwa. Wannan ma'aunin ya kamata mu nema, mu da su, da murya ɗaya. Sashe na 44 na Kundin Tsarin Mulkin 1999 ya ba mu damar neman a biya da gaggawa da kuma zuwa kotu kan adadin. Kafin nan, kowa ya adana rasit da yarjejeniyar haya, ya ɗauki hoton gininsa, ya tsaya da kansa ranar ƙidaya. Shugabanninmu kuma su fara tara kuɗin ɗaukar mai ƙiyasta kadara na ƙashin kanmu tun kafin jan fenti ya hau bango.